Littafi da Asalin Al'umma: Adabin Jamusawa, Falsafarsu da Tarihin Ƙasar Kabi

Gabatarwa

Tun daga tsakiyar ƙarni na 18 har zuwa yau babu wata tambaya da ta fi damun marubutan ƙasar Jamus kamar wannan: wane ne Bajamushe, kuma mene ne ya haɗa shi da ɗan'uwansa? Mawaƙansu sun taɓa ta, masana falsafarsu sun yi ta kai-kawo a kanta, masana tarihi da masu nazarin harshe kuwa sun ƙarar da rayuwarsu wajen neman amsarta. Littattafan da aka rubuta a kan wannan al'amari sun isa su cika ɗakin karatu guda.

Mai karatu da ke zaune a Birnin Kebbi ko Argungu yana iya cewa wannan magana ce ta nesa, ba ruwansa da ita. Amma abin ba haka yake ba. Tunanin da ya fito daga waɗancan littattafai shi ne ya kawo wani Bajamushe garin Gwandu a shekarar 1853, shi ne kuma ya sa aka rubuta tarihin Kabi da Hausa aka tafi da shi Jamus. Maƙasudin wannan lacca shi ne a bi sawun wannan tunani, a ga inda ya samo asali, da yadda ya iso kwarin Rima, da alherin da ya haifar da sharrin da ya jawo, sa'an nan a duba abin da ɗalibi da ma'aikacin gwamnati za su ƙaru da shi.

Al'ummar da ta haɗu a littafi kafin ta haɗu a mulki

Abin da ya kamata a fara sani shi ne, ƙasar da ake kira Jamus ba ta zama ƙasa ɗaya ba sai a shekarar 1871. Kafin nan, a ƙarni na 18, akwai masarautu da birane masu cin gashin kansu wajen 300, kowanne da sarkinsa ko majalisarsa, da kuɗinsa, da harajinsa na kan iyaka. Ko bayan da aka sake tsara nahiyar Turai a 1815, sai da suka rage 39. Addini ma bai haɗa su ba, gama sun rabu gida biyu tsakanin Katolika da masu bin tafarkin Martin Luther, har sun gwabza yaƙin shekara 30 daga 1618 zuwa 1648, wanda ya halaka jama'a masu ɗimbin yawa.

Abin da ya rage musu na tarayya shi ne harshe, shi ma kuwa kare-kare ne barkatai, har mutumin arewa yakan kasa fahimtar mutumin kudu. Wanda ya fara ɗinke wannan ɓaraka shi ne Luther, da ya fassara Sabon Alkawari zuwa Jamusanci a 1522, ya kammala Littafi Mai Tsarki gaba ɗaya a 1534. Ya yi ƙoƙarin yin amfani da irin maganar da uwa ke yi a cikin gida da wadda ake yi a kasuwa. Da yake injin ɗab'i ya riga ya bayyana a birnin Mainz tun wajen 1450, sai fassarar ta bazu, ta zama ma'aunin da ake gwada rubutaccen Jamusanci da shi.

Duk da haka, manyan ƙasar sun daɗe suna raina harshensu. Malamai da Latin suke rubutu, fadawa kuwa Faransanci suke taƙama da shi. Sarkin Purushiya, Frederick na Biyu, ya wallafa wani ɗan littafi a 1780 yana kushe adabin Jamusanci, kuma da Faransanci ya rubuta shi. Abin mamaki, a daidai wannan lokaci ne adabin ya fara kai ƙololuwarsa. Goethe (1749 zuwa 1832) da abokinsa Schiller (1759 zuwa 1805) sun mayar da ƙaramin garin Weimar cibiyar waƙa da wasan kwaikwayo, Immanuel Kant kuma yana can Königsberg ya fito da babban littafinsa na falsafa a 1781. Watau Jamusawa sun sami adabi ɗaya da falsafa ɗaya kusan shekara 100 kafin su sami tuta ɗaya. Saboda haka ne masanin tarihi Friedrich Meinecke, a farkon ƙarni na 20, ya bambanta al'ummar da al'ada da harshe suka haɗa da wadda hukuma ta haɗa, ya sa Jamusawan wancan zamani a sahun farko.

Malamai uku, hanyoyi uku

Daga cikin waɗanda suka yi magana a kan asalin al'umma, mutum uku sun fi cancanta a tsaya a kansu.

Na farko shi ne Johann Gottfried Herder (1744 zuwa 1803), ɗalibin Kant. A ganinsa harshe ya wuce abin isar da saƙo kawai. Shi ne rumbun da al'umma take ajiye tunaninta, da tarihinta, da yadda take ganin duniya. Don haka duk wanda yake son ya san wasu mutane, sai ya saurari waƙoƙinsu da karin maganarsu da tatsuniyoyinsu, musamman na talakawa waɗanda ba su yi karatu ba. A 1778 da 1779 ya buga tarin waƙoƙin gargajiya na al'ummu daban-daban, bai tsaya ga na Jamusawa kaɗai ba. Ya tafi a kan cewa kowace al'umma da nata ma'aunin ya kamata a auna ta, ya kuma la'anci cinikin bayi da mamaye ƙasashen mutane da Turawa ke yi.

Almajiran wannan ra'ayi da suka fi shahara su ne 'yan'uwan nan biyu, Jacob da Wilhelm Grimm. Sun tattara tatsuniyoyi suka buga a 1812 da 1815, sa'an nan a 1838 suka ɗauki aikin babban ƙamus na Jamusanci, wanda kundinsa na farko ya fito a 1854, ba a kuwa kammala shi ba sai a 1961, shekaru da dama bayan mutuwarsu. Haka kuma sha'awar adabin wasu al'ummu ta sa Goethe ya karanta waƙoƙin Hafiz na ƙasar Farisa, ya gwada hannunsa ga rubutun Larabci, ya fitar da diwaninsa na gabas da yamma a 1819. Friedrich Rückert kuwa ya juya Muƙamatul Hariri zuwa Jamusanci a 1826, littafin nan da almajiran ilmi suke karantawa a zaurukan malamai a Gwandu da Sakkwato.

Na biyu shi ne Johann Gottlieb Fichte. A 1806 sojojin Napoliyon na Faransa suka ragargaza na Purushiya a Jena, suka shiga Barlin. Cikin wannan hali na ƙasƙanci ne Fichte ya gabatar da jawabai 14 ga al'ummar Jamus, daga ƙarshen 1807 zuwa farkon 1808. Ya ɗauki maganar Herder a kan harshe, amma ya karkatar da ita. Herder ya ce kowane harshe yana da darajarsa. Fichte kuwa ya ce Jamusanci harshe ne rayayye da bai rabu da tushensa ba, saɓanin Faransanci da ire-irensa waɗanda suka tsiro daga gawar Latin, don haka Jamusawa suna da wani fifiko. Daga nan maganar sanin kai ta fara rikiɗa zuwa maganar fin wasu.

Na uku shi ne Hegel (1770 zuwa 1831), wanda ya riƙe kujerar falsafa a Jami'ar Barlin daga 1818. Ya ɗauki tarihin duniya a matsayin tafiyar hankali zuwa ga 'yanci, wadda ta faro daga gabas, ta bi ta Girka da Rum, ta ƙare ga al'ummun Turai ta arewa. A cikin laccocinsa na falsafar tarihi, waɗanda aka buga a 1837 bayan mutuwarsa, ya ware Afirka ta kudu da Sahara gefe guda, ya ce ba ta cikin tarihin duniya, ba ta da wani motsi ko ci gaba da za a ba da labarinsa. Bai taɓa zuwa Afirka ba, bai kuma san wani harshe nata ba. Amma da yake sunansa ya yi nauyi, sai maganar ta zauna a zukatan Turawa shekara da shekaru.

Yana da kyau a tuna abin da ke gudana a kwarin Rima a cikin waɗannan shekaru. A 1805, shekara guda kafin yaƙin Jena, rundunar jihadi a ƙarƙashin Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ta ci Birnin Kebbi. A lokacin da Fichte ke jawabansa, Malam Abdullahi yana rubuta littattafai a kan hukunce-hukuncen mulki da haƙƙin talakawa a kan shugabanni, kamar Liya'ul Hukkami da ya rubuta a Kano. A 1813 ya tsara Tazyinul Waraƙati, inda ya tattara waƙoƙinsa tare da labarin yaƙe-yaƙen jihadi. Ashe ke nan ƙasar da Hegel ya ce ba ta da tarihi tana cikin yin tarihi, tana kuma rubuta shi, a daidai lokacin da yake tsara ra'ayinsa.

Abdulkarimu a Gwandu

An haifi Heinrich Barth a Hambug a 1821, ya shiga Jami'ar Barlin a 1839, shekara takwas bayan mutuwar Hegel. Ya yi karatu a wurin August Böckh, masanin harsuna da tarihin Girka, da Carl Ritter, masanin labarin ƙasa. Tarbiyyar da ya samu ita ce ta komawa ga asalin takarda da asalin harshe kafin a yanke hukunci. Ya koyi Larabci, kuma da gwamnatin Ingila ta shirya ayarin binciken ƙasashen Sudan, sai aka haɗa da shi. Suka tashi daga Tarabulus a 1850, shi da James Richardson da Adolf Overweg. Abokan tafiyar nan biyu duk sun mutu a hanya, Richardson a 1851, Overweg a 1852, ya rage shi kaɗai. Ya ɗauki sunan Abdulkarimu, ya koyi Hausa da Barbarci da Fillanci har yana hira da sarakuna da fatake ba tafinta.

Bayan ya gana da Sarkin Musulmi Aliyu Babba, ya iso Gwandu a watan Mayu na 1853, zamanin Sarkin Gwandu Halilu ɗan Abdullahi. Halilu mutum ne mai gudun duniya, bai yarda ya gana da baƙon ido da ido ba, sai dai ta hannun manzanni. Barth ya yi kwanaki yana jiran izinin wucewa. Cikin wannan jira ne wani malami mai suna Buhari ya ara masa wani littafin Larabci, wanda da ya buɗe sai ya ga tarihin daular Songhai ne da birnin Tumbuktu, tun daga sarakunan farko har zuwa mamayar Maroko ta 1591 da abin da ya biyo bayanta. Wannan shi ne Tarihus Sudan. Ya kwashe kwana uku ko huɗu yana kwafar muhimman wurare, ya aika da su Jamus, aka buga su a mujallar ƙungiyar masu nazarin ƙasashen gabas a 1855. Ya yi kuskure guda, domin ya ɗauka Ahmad Baba ne mawallafin, alhali kuwa Abdurrahman Assa'adi ne ya rubuta shi a wajen 1655. An gyara wannan daga baya, aka buga cikakken matanin Larabci a Faris a 1898.

Muhimmancin wannan al'amari ga mutanen Kabi ya fi gaban a faɗa. A cikin wannan littafi ne aka ba da labarin yadda Kanta, mai Leka, ya raka Askiya Muhammadu yaƙin Agadas, suka saɓa a kan rabon ganima, ya yi tawaye a wajen 1516, ya kori rundunar da aka aiko masa. Watau shaidar da ta fi kowace tsufa a rubuce a kan kafuwar daular Kabi ta isa ga malaman Turai ne ta hanyar littafin da aka aro a Gwandu, garin da ke yaƙi da jikokin Kanta a lokacin. Gama tun 1849 Yakubu Nabame ya ɗaga tutar Kabawa a Argungu, kuma hanyoyi duk sun rikice. Wannan ne ya sa Barth bai taka Argungu ba. A watan Yuni ya bi ta Birnin Kebbi, ya ga kufan tsohon birni da sabon garin da ke gefensa, ya ƙetare fadama ya nufi Zogirma, daga nan sai Sayi, ya isa Tumbuktu a watan Satumba. Ya sake biyowa ta Gwandu a 1854 a kan hanyarsa ta komawa.

Littafin tafiyarsa ya fito cikin kundi biyar a 1857 da 1858, da Jamusanci da Ingilishi. A ciki akwai jerin sarakuna, da shekarun mulkinsu, da hanyoyin fatauci, da farashin kaya a kasuwanni, da sunayen malamai da littattafan da suke karantawa. Barth bai zauna ya rubuta raddi ga Hegel ba. Amma duk wanda ya karanta kundayen nan biyar ba zai iya sake cewa ƙasashen nan ba su da tarihi ba. Sai dai littafin bai sami kasuwa sosai ba, gama masu karatu na Turai sun fi son labaran namun daji da na ban tsoro. Ya mutu a Barlin a 1865 yana da shekara 44.

Imam Umaru da tarihin Kabi

Barth ya tafi Turai da samari biyu, Dorugu da Abbega. Wani Bajamushe ɗan mishan mai zama a Ingila, J. F. Schön, ya zauna da Dorugu ya rubuta labarin rayuwarsa da tatsuniyoyinsa daga bakinsa, ya fitar da nahawun Hausa a 1862, da ƙamus a 1876, da littafin Magana Hausa a 1885. Wannan ita ce hanyar 'yan'uwa Grimm aka bi da ita a kan Hausa.

To, amma daga 1871, da Bismak ya haɗa Jamus ta zama daula ɗaya, sai manufar ta sake. An yi taron rabon Afirka a Barlin daga 1884 zuwa 1885, Jamus ta sami Togo da Kamaru, kuma a 1887 aka buɗe makarantar koyon harsunan gabas a Barlin domin horar da jami'an mulkin mallaka, daga baya aka sa Hausa a ciki. Paul Staudinger ya ziyarci Sakkwato da Gwandu a tafiyarsa ta 1885 zuwa 1886, ya rubuta littafi a kai. A 1895 wani ayari daga Togo a ƙarƙashin Hans Gruner ya iso Gwandu zamanin Sarki Umaru Bakatara, ya koma yana da'awar ya ƙulla yarjejeniyar da ta sa ƙasar a ƙarƙashin kariyar Jamus. Da'awar ba ta yi tasiri ba, ƙasar ta faɗa hannun Ingila a 1903. Amma wannan ya nuna yadda ilmin harshe, wanda ya fara da neman fahimtar mutane, ya koma makamin neman mallakarsu.

A cikin wannan yanayi ne wani babban malami ya bayyana, watau Alhaji Umaru ɗan Abubakar, wanda aka fi sani da Imam Umaru. An haife shi a Kano a 1858, amma asalin gidansu Kabi ne, shi ya sa ake masa laƙabi da Alkabawi. Ya yi karatu a Kano, ya yi yawon neman ilmi da fatauci ta ƙasashen Sakkwato da Gwandu da Kabi, ya bi hanyar fataken goro har Salaga a ƙasar Gwanja. A can ya haɗu da Gottlob Adolf Krause, Bajamushen da Hausawa suke kira Malam Musa, mai tattara rubuce-rubucen ajami. Bayan yaƙin basasar Salaga na 1892 ya koma Kete Karachi, wadda ke ƙarƙashin Jamus a lokacin, ya zama limamin garin. Jami'in mulkin wurin, Adam Mischlich, ya zama ɗalibinsa na Hausa, ya roƙe shi ya rubuta masa abin da ya sani na ƙasar Hausa.

Imam Umaru ya rubuta shafuka masu yawa da ajami a kan noma, da sana'o'i, da aure, da sarauta, da bauta, da tarihin garuruwa, ciki har da tarihin Kabi. Mischlich ya yi amfani da taimakonsa wajen ƙamus ɗinsa na Hausa da Jamusanci na 1906, ya kuma tafi da takardun gida. Malamin ya rasu a Kete Karachi a 1934. Tarihin Kabi da ya rubuta bai fito ba sai da Heinz Sölken ya buga shi tare da fassara da sharhi na Jamusanci a wata mujallar Barlin, kashi na farko a 1959, na biyu a 1963. Wasu daga cikin sauran rubuce-rubucen Douglas Ferguson ya juya su zuwa Ingilishi a 1973, Stanisław Piłaszewicz na Jami'ar Warso kuma ya buga wasu a 2000. Abin lura a nan shi ne, tarihin da jikan Kabawa ya rubuta da Hausa, sai wanda ya iya Jamusanci ne ya sami damar karanta sharhinsa.

Zirga-zirgar ba ta gefe ɗaya ba ce. Lokacin da Abubakar Imam yake rubuta Magana Jari Ce a Zariya, wanda ya fito daga 1937 zuwa 1939, ya ɗebo labarai daga wurare da yawa, har da tatsuniyoyin 'yan'uwa Grimm, ya sa musu rigar Hausa har ba a gane baƙi ne. Saboda haka duk wanda ya yi firamare a ƙasar Hausa ya ɗanɗani adabin Jamus ko da bai sani ba. Tun 1963 kuma gidan rediyon Muryar Jamus yake watsa shirye-shirye da Hausa.

Yadda abin ya zama masifa

Ba za a yi wa wannan batu adalci ba in ba a faɗi inda hanyar Fichte ta ƙare ba. A ƙarshen ƙarni na 19 wasu marubuta suka sauya ma'aunin zama Bajamushe daga harshe zuwa jini. Ta haka aka fitar da Yahudawan Jamus daga cikin al'umma, ko da yake Jamusanci ne harshensu na haihuwa, kuma daga cikinsu ne aka sami mawaƙi kamar Heinrich Heine. Tun kafin wannan ya kai matuƙa a Turai, an gwada shi a Afirka, inda sojojin Jamus suka yi wa Herero da Nama kisan ƙare dangi a ƙasar da ake kira Namibiya yanzu, daga 1904 zuwa 1908.

Hitila ya hau mulki a watan Janairu na 1933. Ranar 10 ga Mayu na wannan shekara aka tara dubban littattafai aka cinna musu wuta a dandalin da ke gaban Jami'ar Barlin da wasu biranen, da sunan tsarkake ruhin Jamus. Waɗanda suka shirya wannan aiki ɗaliban jami'a ne, wasu malamansu kuma suka tsaya musu. Ƙarshen al'amarin shi ne yaƙin duniya na 1939 zuwa 1945, da kisan Yahudawa wajen miliyan shida, da rabuwar ƙasar gida biyu daga 1949 har 1990.

Littattafan da aka rubuta bayan yaƙin sun koma binciken kai. Karl Jaspers ya yi nazarin laifin al'umma a 1946, Thomas Mann da Günter Grass suka bi da ƙagaggun labarai a 1947 da 1959. Daga baya Dolf Sternberger da Jürgen Habermas suka kawo ra'ayin cewa kishin ƙasa ya dogara ga tsarin mulki da haƙƙin ɗan ƙasa, a bar maganar jini. A shekarar 2000 aka gyara dokar zama ɗan ƙasa, ta yadda ɗan baƙi da aka haifa a Jamus zai iya zama Bajamushe bisa wasu sharuɗɗa. Gani ga wane, in ji Hausawa, ya ishi wane tsoron Allah.

Abin da ya shafi kwarin Rima

Ƙasar Kabi tana da riwayar tarihi iri biyu. Akwai ta Gwandu, wadda ke rubuce da Larabci a littattafan Malam Abdullahi da almajiransa, inda Kabawa suka fito a matsayin abokan gaba. Akwai kuma ta Argungu, wadda ta fi zama a bakin makaɗan fada da dattawa, da ganuwar Surame, da kayan da ke ajiye a gidan tarihi na Kanta, tsohuwar fadar da aka mayar gidan tarihi a 1958. A cikinta Kabawa ne mutanen da suka ƙi miƙa wuya. Kowace riwaya tana da gaskiyarta, kowace kuma tana da abin da ta yi shiru a kansa. Nazarin M. B. Alkali a kan Kabi a ƙarni na 19, wanda ya gabatar a Jami'ar Ahmadu Bello a 1969, da na S. A. Balogun a kan Gwandu a Jami'ar Ibadan a 1970, sun nuna cewa sai an jera su biyun ake samun cikakken hoto, har da lokutan sulhu kamar Lafiyar Toga.

Magabata sun riga sun nuna hanya. Ziyarar da Sarkin Musulmi Hasan ɗan Mu'azu ya kai Argungu a 1934, wadda ta zama mafarin bikin kamun kifi a sifarsa ta yanzu, ta mayar da gabar shekara fiye da 100 ta zama zumunci. A 2016 hukumar UNESCO ta sa bikin cikin jerin al'adun duniya da ake kiyayewa. Da aka kafa Jihar Kebbi ranar 27 ga Agusta 1991, sai aka haɗa masarautu huɗu, Gwandu da Argungu da Yawuri da Zuru, da al'ummu masu harsuna daban-daban, kamar Kabawa da Fulani da Arawa da Zabarmawa da Dakarkari da Kambari da Dukawa da Gungawa, Musulmi da Kirista. Irin wannan jiha, haka ma Nijeriya baki ɗaya, ba za ta tsayu a kan ma'aunin Fichte na harshe ɗaya mai fifiko ba. Ma'aunin Herder, wanda ya ba kowane harshe darajarsa, tare da ma'aunin tsarin mulki da ya daidaita 'yan ƙasa, su ne suka dace da ita. Ma'aikacin da ke zaune a ofishin ba da takardar shaidar asali yana fuskantar wannan tambaya kullum, ko da bai taɓa jin sunan waɗannan malamai ba.

Akwai kuma aiki a gaban ɗalibai da hukumomin ilmi. Na ɗaya, a nemo tarihin Kabi na Imam Umaru a buga shi da boko da ajami a gida, a juya sharhin Sölken zuwa Hausa, haka kuma babobin da Barth da Staudinger suka rubuta a kan Gwandu da Birnin Kebbi. Wannan yana bukatar a sami 'yan ƙasa da suka iya Jamusanci tare da Larabci da ajami. Na biyu, a tattara kalmomin Kabanci, musamman na su da noman shinkafa da aikin jirgin ruwa, waɗanda daidaitacciyar Hausa, da yake ta fi jingina ga karin Kano, ba ta ɗauke su duka ba. Na uku, a yi wa sauran harsunan jihar irin wannan hidima. Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda aka kafa a 2013, tana da damar jagorantar wannan aiki.

Kammalawa

An ga yadda Jamusawa suka haɗu a harshe da littafi tun kafin su haɗu a mulki, da yadda tunani ɗaya ya rabu, reshe guda ya kai ga girmama harsunan mutane, ɗaya reshen kuma ya kai ga raini da kisa. An ga yadda littafin da wani malamin Gwandu ya ara wa baƙo na 'yan kwanaki ya rushe da'awar babban masanin falsafa, da yadda tarihin da Imam Umaru ya rubuta ya yi shekaru a ƙasar waje kafin a buga shi. Waiwaye adon tafiya ne. Al'ummar da ta bar wa wasu rubuta tarihinta za ta karanta shi da harshensu, bisa ma'auninsu. Wadda kuma ta rubuta nata don ta fitar da maƙwabcinta daga ciki, Jamus ta riga ta nuna mata ƙarshen wannan hanya. Takardun suna nan ajiye a Gwandu da Sakkwato da Kaduna da Barlin, dattawan da suka san riwayoyin baka kuwa kullum raguwa suke yi, saboda haka aikin ba na jinkiri ba ne.